Babi na Bakwai: Wa Ya Hana Mu Gani?

Duk wanda ya taɓa tsayawa a rumfar mai cajin waya a Fakku, ko a tashar Kebbe, ko ranar kasuwar Tambuwal, ya san yadda fim yake isowa ƙauye a yau. Ka miƙa wayarka ko memori, ka biya 'yan kuɗi kaɗan, yaro ya jona da kwamfuta ya zuba maka abin da kake so: wa'azi, waƙa, ƙwallo, da ci gaban shirin da matan gida suke bi mako mako. Ran da aka zo aka tarar babu ci gaban, tambayar ɗaya ce: "Mi yaf faru da shirin ga?" Mai turawa ya ce an hana shi. Sai a ce, "Wa yah hana?" A nan maganar take tsayawa, don shi ma yaron bai sani ba. Iyakarsa ya ce, "Baba, gwamnati ce."

An yi wannan tambaya a faɗin ƙasar Hausa a watan Mayun 2025, lokacin da Hukumar Tace Finafinai da Ɗab'i ta Jihar Kano ta dakatar da finafinai masu dogon zango guda 22 a rana ɗaya, har da Labarina da Daɗin Kowa da Manyan Mata, bisa cewa ana sakin su ba tare da an kai mata ta duba ba. Mutumin Fakku ba ya zaɓe a Kano, ba ya biyan haraji a can, amma hukuncin da aka yanke a wani ofis mai nisan ɗaruruwan kilomita ya iso har cikin wayarsa.

Tambayar ta cancanci a amsa ta da kyau, domin ba a fim na nishaɗi kaɗai ta tsaya ba. Wa yake da ikon cewa wannan za a gani, wancan ba za a gani ba? Ta wace hanya yake hanawa? Kuma in ya hana, wa yake karewa?

Tun kafin a san fim

Mutanen ƙasar Sakkwato ba baƙi ba ne ga wannan magana, tana cikin tushen tarihinsu. A wajen 1788 Sarkin Gobir Bawa Jangwarzo ya tara malaman ƙasarsa a Magami domin babbar salla, ya yi musu kyauta mai tsoka. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo bai karɓi tasa ba. Ya nemi abubuwa biyar a madadinta, kuma biyu daga ciki a kan magana suke: a bar shi ya kira mutane zuwa ga addini a ƙasar, kada kuma a hana kowa amsa kiran. A lura da yadda ya haɗa su. Bai nemi damar mai faɗa kaɗai ba, sai da ya haɗa da damar mai ji.

Bawa ya yarda. Bayan shekaru, da sarauta ta kai ga Nafata, sai aka yi shela cewa ba wanda zai ƙara yin wa'azi in ba Shehu ba, wanda bai gaji Musulunci ba ya koma addinin iyayensa, maza su daina rawani, mata su daina lulluɓi. Abin da ya biyo baya kowa ya sani, har zuwa hijirar Gudu a 1804.

Abin lura a shelar Nafata shi ne bai taɓa Shehu kansa ba. Almajiransa ya ɗaure wa baki, waɗanda suke ɗaukar karatu daga Ɗegel su kai ruga da ƙauye. Sarkin ya fahimci cewa maganar da ba ta da mai kai ta, ko ta fi zuma daɗi, a inda aka faɗe ta za ta kwana. Wannan dabara ita ce za mu yi ta cin karo da ita har ƙarshen babin nan. Mai son hana labari bai cika bin mai magana ba kamar yadda yake bin hanyar da maganar take bi. Wanda kuma yake zaune a ƙarshen hanyar, irin mutumin Fakku, shi ne farkon wanda labari yake yanke wa.

Da Turawa suka zo da hoto mai motsi, sai suka riƙe shi ta hannu biyu. A 1933 suka yi dokar da ta kafa hukumar duba finafinan da za a nuna a Nijeriya, wannan hannun hanawa ke nan. Ɗaya hannun shi ne majigi. Mota ta shigo gari, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fadar hakimi, bayan isha'i a tayar da inji, mai fassara ya riƙe lasifika yana gaya wa jama'a abin da suke gani. An nuna tsabtar rijiya, da rigakafi, da noman auduga da gyaɗa, irin su Baban Larai da dattawa suke tunawa har yau. Jama'a sun ƙaru, wannan ba a musu. Sai dai ba a taɓa kawo majigi domin a nuna yadda aka kwashi talakawa da ƙarfi zuwa haƙar kuza a Jos lokacin Yaƙin Duniya na Biyu ba, da yadda sanyi da yunwa suka kashe da yawa daga cikinsu. Wannan labarin a bakin waɗanda suka dawo aka ji shi.

Hukumar da ke Kano

Fim ɗin Hausa na bidiyo ya fara da Turmin Danya a 1990. Cikin shekara goma ya zama babbar sana'a a Kano, da rawa da waƙa irin na Indiya, kaset yana shiga ɗakin da baƙo ba ya shiga. A nan iyaye da malamai suka fara magana, kuma maganarsu tana da tushe. Wanda ya killace gidansa shekara da shekaru, ya wayi gari akwatin talabijin yana koya wa 'yarsa abin da shi bai koya mata ba, yana da haƙƙin ya tambaya.

Da aka ƙaddamar da shari'ar Musulunci a Kano a shekarar 2000, a watan Disamba gwamnati ta dakatar da shirya finafinai gaba ɗaya. A 2001, zamanin mulkin Rabi'u Musa Kwankwaso na farko, aka yi dokar da ta kafa hukumar tace finafinai ta jihar, kuma a lokacin mafita ce ga masu sana'ar, don da ita aka ba su damar komawa aiki. Akwai dama hukumar tarayya mai irin wannan aiki tun 1993, saboda haka mai fim a Kano ya zama sai ya bi ta ƙofa biyu. Zai yi rajista, ya kai fim, a zauna a kalla, a ce masa cire nan, gyara can, sannan a ba shi takarda.

Tunda kasuwar fim ɗin Hausa a Kano take, abin da hukumar ta cire a can an cire shi ke nan ga mai kallo a Sakkwato da Maraɗi da Kumasi. Wannan ita ce amsar farko ga mai tambaya a rumfar caji.

Shekarun kotun tafi-da-gidanka

A 2007 wani ɗan gajeren bidiyo na sirri, wanda aka ɗauka da wayar hannu, ya fita ya bazu a gari. Akwai wata 'yar fim a cikinsa. Ba fim ba ne, ba kamfanin da ya shirya shi, ba a yi shi don a sayar ba, amma sana'ar baki ɗaya ce ta biya. Gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta dakatar da ɗaukar fim na wata shida, ta naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban hukumar, aka shimfiɗa sababbin sharuɗɗa, kotun tafi-da-gidanka ta shiga aiki ba dare ba rana. Masu sayar da kaset, da masu gidajen kallo, da masu haɗa hoto a sutudiyo, su suka fi cika gabanta. Wato masu kai saƙo.

A watan Satumban shekarar aka ɗaure Adam A. Zango wata uku saboda bidiyon waƙoƙinsa mai suna Bahaushiya. A 2008 aka ɗaure marigayi Rabilu Musa Ibro wata biyu a kan Ibro Aloko. Mutane da yawa sun yi na'am a lokacin, don a ganinsu rawa ce ake hukuntawa, kuma rawar ta wuce gona da iri.

Amma a duba inda abin ya dosa. Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama, wanda aka san finafinansa da kamun kai, ya shirya Tsintsiya da tallafin ofishin jakadancin Amurka, fim a kan zaman lafiya tsakanin ƙabilu da addinai. Fim ɗin ya ci kyauta a bikin finafinai na Zuma a Abuja a 2008. A watan Mayun shekarar aka kama shi, a ƙarshen Disamba kuma kotu ta yanke masa wata uku a gidan yari da tarar naira dubu 300, bisa tuhumar rashin rajistar kamfani da sakin fim ba izinin hukumar jiha. Shi kuwa ya ce yana da takardunsa, kuma bai saki fim ɗin a kasuwar Kano ba. Iyan-Tama ya yi takarar gwamna a 2007, kuma yana cikin masu sukar hukumar a bainar jama'a. Mai karatu ya auna da kansa.

A 2009 kotun ta haramta waƙoƙi 11 a lokaci guda, kuma da yawansu kukan 'yan sana'ar ne a kan hukumar kanta. A cikinsu akwai Hasbunallahu ta Aminu Ladan Abubakar, Alan Waƙa, wadda addu'a ce a kan azzalumai, ba ta kira sunan kowa ba. An kama shi a kanta. Daga kare tarbiyyar yara an iso ga kare hukuma daga jin zafin magana, cikin shekara biyu kacal, da doka ɗaya da kotu ɗaya. Waƙoƙin kuwa ba su mutu ba. Sun bi Bluetooth daga waya zuwa waya, har wanda bai san da su ba ya nema saboda ya ji an hana. Masu fim da dama suka kwashe kayansu suka koma Kaduna.

Fim ɗin da ya shiga daji

Duk wannan, mutumin kudancin Sakkwato zai iya cewa rigimar 'yan Kano ce. Wanda ya biyo baya kuwa a ƙofar gidansa yake.

A watan Maris na 2022 gidan talabijin na Trust ya nuna wani shirin bincike a kan 'yan bindiga, inda ma'aikatansa suka shiga daji suka yi hira da manyansu, har da Bello Turji. A watan Yuli kuma sashen binciken ƙwaƙwaf na BBC ya saki nasa, mai tsawon kusan minti hamsin, wanda wani matashi ɗan Zamfara, Yusuf Anka, ya jagoranta. An ga gawarwaki, an ga asibiti, an ga iyaye suna kuka. An ji 'yan sa-kai suna faɗin dalilinsu, an ji Fulanin da aka ƙone wa ruga suna faɗin nasu. An ji Ado Aleru, ɗaya daga cikin manyan 'yan bindigar, da bakinsa. An kuma ji ɗaya daga cikin waɗanda suka sace 'yan matan makarantar Jangebe su 279 a Fabrairun 2021 yana iƙirarin cewa an biya kuɗin fansa, alhali gwamnati ta ce ba a biya ko sisi ba.

Ministan yaɗa labarai na lokacin, Lai Mohammed, ya ce wannan kambama ta'addanci ne, kuma za a hukunta. A ranar 3 ga Agusta hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin ta ƙasa, NBC, ta ci Trust tarar naira miliyan biyar. BBC tana Landan, hannu ba ya kai mata, sai aka ci kamfanonin da suka ɗauko tasharta suka kawo gidajen mutane, masu DStv da TStv da StarTimes, kowanne miliyan biyar.

Hujjar gwamnati ba abin yarwa ba ce, kuma bai kamata a wuce ta da sauri ba. Matar da aka kashe wa miji tana da haƙƙin kada ta ga wanda ya kashe shi a zaune yana bayani kamar wani hakimi. Akwai kuma yaron da zai ga bindiga da babur da yadda ake tsoron mutum, zuciyarsa ta karkata. Duk ɗan jaridar kirki yana auna waɗannan kafin ya miƙa wa mai kisa makirufo, kuma ana iya yi masa gardama a kan inda ya ja layinsa.

Amma wa aka ɓoye wa abin? Mutanen Anka da Bukkuyum da Gummi, da maƙwabtansu na Kebbe, ba su buƙatar BBC ta gaya musu akwai ɓarayi a daji. Su suke barin gonakinsu na nesa ba shuka, su suke haɗa kuɗi gida gida a kai fansa, su suka san sunan kowane kacalla da dajin da yake. Waɗanda ba su gani ba su ne na Abuja da Legas, da masu zama a majalisa, da masu raba kasafin tsaro. Fim ɗin ya ɗauki abin da ƙauye ya daɗe da sani ya ajiye shi a gaban birni. In an hana shi, ba a rage wa ƙauye tsoro ko ɗaya ba, an dai rage masa masu jin kukansa. Kuma a cikin watan Yulin nan da aka saki fim ɗin ne aka naɗa Ado Aleru sarautar Sarkin Fulani a 'Yandoton Daji, a fili, da rana, har gwamnatin Zamfara ta dakatar da sarkin da ya naɗa shi. Wanda yake neman inda aka kambama ɗan bindiga a wannan wata, ba sai ya kunna talabijin ba.

Naira miliyan biyar ba za ta girgiza kamfani irin mai DStv ba. Wanda take girgizawa shi ne ƙaramin gidan rediyo a Gusau ko Sakkwato ko Birnin Kebbi, wanda kuɗin tallarsa da ƙyar suke biyan man janareta da albashi. Shugaban irin wannan gida ba sai an rubuto masa takarda ba. Wakilinsa zai kawo rahoto daga ƙauyen da aka kai wa hari, ya duba, ya tuna abin da ya sami Trust, ya ce, "Malam, bari mu jira sanarwar 'yan sanda." Sanarwar ta zo bayan kwana biyu, ko ba ta zo ba. Wannan hanawar ta fi kowace yawa, kuma ba a rubuta ta a ko'ina, don ba wanda ya ba da umarni. A watan Oktoban 2022 aka ga hanawar ta fito fili, da gwamnatin Zamfara ta sa aka rufe wasu gidajen rediyo da talabijin, har da NTA ta Gusau, saboda sun ɗauki taron 'yan adawa. A Janairun 2024 babbar kotun tarayya a Abuja ta soke tarar nan ta miliyan biyar biyar, bisa cewa NBC ba kotu ba ce. Hukunci ne mai kyau, amma rahotannin da aka ajiye a aljihun tebur cikin wata goma sha bakwai ɗin nan ba su dawo ba.

Da aka ɗauke sabis

Mafi girman hanawa da wannan yanki ya gani bai shafi fim ɗaya ko tasha ɗaya ba. A farkon Satumban 2021 aka kashe layukan waya a faɗin jihar Zamfara. Kafin watan ya ƙare aka kashe su a ƙananan hukumomi 14 daga cikin 23 na jihar Sakkwato, lokacin gwamnan jihar shi ne Aminu Waziri Tambuwal, ɗan wannan yanki, wanda ya wakilci Kebbe da Tambuwal a majalisar tarayya. Sassan Katsina da Kaduna ma haka. Dalilin a bayyane yake: infoma yana zaune a cikin gari yana kiran daji, ya faɗi wa ya sayar da shanu, ya faɗi ta ina sojoji suka bi, kuma ta waya ake cinikin fansa. Jama'a da yawa sun goyi baya da zuciya ɗaya, don sun gaji.

Sai dai layin da infoma yake kira da shi, da shi mai gari yake kiran DPO. Da shi ake kiran mai mota in haihuwa ta zo da gardama cikin dare. Da shi ɗan ci-rani a Legas ko Fatakwal yake turo kuɗin cefane ta hannun mai POS. Mutane suka riƙa tafiya mai nisa, wasu har wata jiha, don su yi kira ɗaya. A gabashin jihar Sakkwato kuwa, kusa da iyaka, layukan Nijar suna kamawa, kuma ɓarayin ba su rasa su ba. A tsakiyar Oktoba aka kai hari kasuwar Goronyo aka kashe fiye da mutum 40, kuma bayan haka gwamnan da kansa ya nemi a maido da sabis.

A daidai wannan lokaci Twitter ma a rufe take a Nijeriya, daga Yunin 2021 zuwa Janairun 2022. Wancan ya sami masu magana a kansa a duniya, an rubuta, an kai ƙara. Miliyoyin mutanen da aka yanke wa waya ɗungurungum a arewa maso yamma ba su sami kashi ɗaya cikin goma na wannan kulawa ba, kuma ba su da hanyar da za su nema.

Akwai wata asara da ba a cika lissafa ta ba. Kowa a nan ya san abin da ke faruwa in an rufe kasuwar mako. Ciniki ba ya tsayawa, komawa yake bayan gari da cikin zaure, inda babu sarkin kasuwa, babu mudun da kowa ya yarda da shi, wanda aka cuta kuma ba shi da wurin kai ƙara. Labari ma haka yake. Da aka ɗauke sabis mutane ba su daina ba juna labari ba. Direba ya zo da nasa, mai babur ya zo da nasa, a ce an ga babura ɗari a gulbi, gari ya watse cikin dare, yara su kwana a gona, da safe a tarar ba komai. Wata rana kuma gaskiya ce, amma an gaji da gudu, ba a tashi ba. Babu wanda za a kira a ƙauyen gaba a tambaya. Dattawa suka koma ga abin da suka saba, rediyo mai gajeren zango: BBC da take Hausa tun 1957, Muryar Jamus, Muryar Amurka, da RFI. Abin baƙin ciki ne mutum ya jira Landan ta gaya masa abin da ya faru a ƙauyen da yake jin ƙarar bindigarsa. A ƙetaren iyaka ma wannan ƙofa ba ta tsira ba, don gwamnatin sojan Nijar ta dakatar da RFI a Agustan 2023, ta kuma dakatar da BBC na wata uku a Disamban 2024.

Kowa ya zama mai kyamara

Yau gajeren fim ba ya buƙatar kamfani. Minti ɗaya ne a TikTok, yarinya ko yaro da waya a hannu. Wannan ya sauya lissafin mai hanawa, don babu kantin kaset da zai rufe, babu tashar da zai ci tara. Sai ya koma kan mutum ɗaya, ya yi masa abin da saura za su gani su ji tsoro. A Nuwamban 2022 wata kotu a Kano ta yanke wa wasu matasa biyu bulala ashirin ashirin, da tara, da sharar harabar kotu na kwana 30, saboda ɗan wasan barkwanci da suka yi a kan gwamnan lokacin. A Nuwamban 2024 aka gurfanar da wata matashiya a jihar Sakkwato bayan ta yi bidiyo a kan halin da matan da 'yan bindiga suka raba da gidajensu suke ciki. 'Yan sanda suka ce tunzura jama'a take yi, masu kare haƙƙin ɗan Adam suka ce kukan mutanenta ta kai. Sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015 ya zama sanda a hannun duk mai ikon da aka ɓata wa rai, har sai da aka yi masa gyara a 2024, kuma ko bayan gyaran ba a daina kama mutane da shi ba.

Ba na cewa duk abin da ake ɗorawa a waya alheri ne. Akwai batsa, akwai ƙazafi, akwai 'yan bindigar da su ma suke ɗora bidiyonsu suna nuna kuɗi. Wanda aka ɓata wa suna a ƙarya yana da haƙƙi, a shari'a da a doka.

To, a saki komai ke nan?

A'a. Babu al'ummar da take sakin komai, kuma tsarin mulkin 1999 da ya ba da 'yancin faɗin ra'ayi da karɓar labari a sashe na 39, shi ne ya yarda a sashe na 45 cewa ana iya taƙaita shi domin tsaro da tarbiyya da haƙƙin wasu. Gardamar tana kan yadda ake yi, da wanda ake yi dominsa.

In aka ce maka an hana wani abu, fara da tambayar wa zai cutu in an gani. In amsar ita ce yaro ƙarami, ko matar da aka tona wa asiri, ko sojan da za a gane inda ya yi kwanto, to akwai magana. In kuwa ka duba ka duba ba ka ga mai cutuwa ba sai wanda ya ba da umarnin, ko ubangidansa, to ba kai ake karewa ba. Waƙar Alan Waƙa ba ta lalata ɗan kowa ba. Taron siyasar da aka ɗauka a Gusau bai tona asirin soja ba.

Sannan a tambaya ko an faɗi dalili a fili, ko akwai dokar da aka rubuta tun kafin a yi abin, ko kuma wanda aka hana yana da inda zai kai ƙara gaban wanda ba shi ne ya hana ba. Wannan na ƙarshe shi ne ya fi nauyi a wurina, kuma shi ne abin da kotun Abuja ta tsaya a kai: mai tuhuma ba ya zama alƙali a shari'arsa. Hukumar da take cewa a cire wannan fitowa saboda kaza, ga sashen doka, in ba ka yarda ba ga kotu, ana iya zama da ita ko da ana jin haushinta. Wadda take kama mutum ranar Juma'a da yamma don ya kwana uku a tsare kafin a ga alƙali, wani aiki take yi daban.

Akwai kuma abin da ya rage a hannun mai gida da uwar gida, wanda ba hukumar da za ta yi musu. Memorin da yaro ya kawo daga rumfa, wani babba a gidan ya san abin da ke ciki. Wannan tacewa ce ta wanda ya san yaron, yake kuma ƙaunarsa, kuma in ya yi kuskure a gidansa kuskuren zai tsaya, ba zai rufe idon jiha guda ba.

Amma ko an buɗe duk ƙofofin nan, aiki bai ƙare ba. Wayar da take kawo rahoton gaskiya daga daji ita ce take kawo saƙon murya na wani da ba a san shi ba, yana rantsuwa cewa da idonsa ya gani, yana roƙon a tura wa kowa don Allah. Ita ce take kawo hoton gawarwakin wata ƙasa a ce na Kebbe ne jiya. A babi na gaba za mu ɗauki irin waɗannan saƙonni ɗaya bayan ɗaya, mu ga su wa suke ƙirƙirar su, me suke samu, da kuma 'yan tambayoyin da mutum zai yi wa saƙo kafin ya danna turawa.